Ma'aikacin ƙungiyar agaji a Indiya: idan an sallame shi, wace kotu zai nufa?

A Itanagar, babban birnin jihar Arunachal Pradesh da ke arewa maso gabashin Indiya, ƙungiyar Ramakrishna Mission tana da asibiti. Wani bawan Allah ya kama aiki a nan a 1980. Da ya cika shekara 35 a bakin aiki sai aka miƙa masa takardar ritaya, don haka ƙa'idar asibitin ta ce. Shi kuwa ya kafe a kan a fara ƙirga shekaru 35 ɗin daga 1982, lokacin da aka ba shi cikakken muƙami. Bai ko leƙa ƙaramar kotu ba, ya zarce Babbar Kotun Gauhati da sashe na 226 na tsarin mulki a hannu.

Wannan sashe ya ba manyan kotunan jihohi ikon tilasta wa kowane mutum ko hukuma sauke nauyin da doka ta ɗora musu, umarnin da lauyoyi ke kira mandamus. Hanya ce mai sauri, shi ya sa kowa ke ribibinta. Kotun Gauhati ta karɓi ƙarar, amma a 2019 Kotun Ƙoli ta soke hukuncin. Ta ce samun fili da tallafin kuɗi daga gwamnati bai mai da asibiti ya zama hukuma ba, kuma abin da ke tsakanin ƙungiya da ma'aikacinta yarjejeniya ce ta mutum biyu.

Ba wai ƙungiyoyi sun fi ƙarfin sashen ba ne. A 1989, a shari'ar Andi Mukta, malaman wata kwaleji mai zaman kanta a Ahmedabad sun bi wannan hanya suka karɓo haƙƙoƙinsu bayan an rufe kwalejin. Sai dai su, jami'ar da kwalejin ke ƙarƙashinta ce ta yanke musu albashi, gwamnati kuma na zuba kuɗi. A 2022, a shari'ar St. Mary's, Kotun Ƙoli ta ƙara jaddadawa: makaranta na yi wa jama'a hidima, amma korar ma'aikacin ofishinta ba lamarin jama'a ba ne, muddin babu dokar da ta tsara sharuɗɗan aikinsa.

A ganina alƙalan suna da gaskiya. Umarnin nan an tanade shi ne don taka wa mai mulki birki. Da za a buɗe shi ga duk direba ko akawun da ya saɓa da shugaban ƙungiya, da wanda 'yan sanda ke tsare da shi ba bisa ƙa'ida ba zai tsufa a layi.

Inda nake da ja shi ne abin da ya rage wa ma'aikacin. Ƙarar karya yarjejeniya takan ɗauki shekaru, kuma galibi diyya ce ƙarshenta, ba komawa aiki ba. Kotun ƙwadago, mai sauraron rikicin ma'aikatan masana'antu, ita ce madogararsa a da, tun da a 1978, a shari'ar hukumar ruwa ta Bangalore, Kotun Ƙoli ta faɗaɗa ma'anar masana'anta har ta haɗa da asibitoci da yawancin ƙungiyoyin jinƙai. Sai ga dokar ƙwadago ta 2020 ta tsame ƙungiyoyin agaji daga wannan ma'ana. Gaba kura baya siyaki ke nan. (Mu a Najeriya, da muka gaji dokar Ingila kamar su, gyaran tsarin mulki na 2010 ya tattara rikicin aiki a Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, ko wane ne ya ɗauke ka.)

Gyaran yana hannun majalisa da gwamnatocin da ke ba da tallafin. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Ƙungiyar da ta karɓi filin gwamnati da kuɗin talakawa, a rubuta mata a takardar tallafin shekarun ritaya, yadda za ta sallami ma'aikaci, da inda zai kai kuka. In ta saɓa, a riƙe kason shekara mai zuwa.