Wa ya fara cewa "ɓarawo"?

Da ina da kyamara da kuɗin sallamar 'yan wasa, ga gajeren fim ɗin da zan shirya. Ranar kasuwa ce a wani ƙauye tsakanin Gusau da Ƙauran Namoda. Akuyar wani dattijo ta ɓata, ga kuma wani baƙon yaro riƙe da igiya. Wani ya ce "ɓarawo!", shi ke nan. Ba zan nuna yaron ba ko sau ɗaya. Fuskokin jama'a kawai zan bi: mai shayin da ya bar tukunya kan wuta, ɗan kabu-kabun da ya tsiyayo fetur daga mashin ɗinsa, malamin da ya ce "Allah ya kyauta" ya wuce, da saurayin da ya ɗaga waya yana ɗauka. Da la'asar sai ga akuya ta dawo gida da ƙafarta.

Za a ce ƙirƙira ce. To, a watan Maris na 2025 an kashe mafarauta 16 a Uromi ta jihar Edo suna hanyar Kano za su yi Sallah, don kawai an ce masu garkuwa da mutane ne. Duk Arewa ta yi Allah wadai, kuma da gaskiyarmu. Amma laifi tudu ne. A watan Agustan 2016, a nan Talatar Mafara, mutum takwas aka ƙona cikin gida bayan wani zargin ɓatanci, ba alƙali ba shaida.

Na san hujjar mutanenmu, ban kuma raina ta ba. Wanda 'yan bindiga suka kore wa shanu, ya sayar da gona ya biya kuɗin fansa, ya kuma ga wanda aka kama jiya yana yawo yau, da wuya ka ce masa ya jira kotu. Sai dai wannan zafin ne ya sa kalmar "infoma", wato mai kai wa 'yan bindiga bayanai, ta zama hukuncin kisa, har mai rikicin gona ko mai neman tsere wa bashi ke iya jefa ta kan maƙwabci. Kisan da wasu 'yan sa-kai suka riƙa yi wa Fulani a kasuwanni ba tare da bincike ba yana cikin abin da ya rura wutar da muke ciki yau.

Abin kunyar ma, mu 'yan Zamfara ne muka fara ƙaddamar da shari'a a 1999. Shari'ar nan ba ta yanke hannu sai da shaidu adilai biyu ko iƙirari, sai kayan sun kai nisabi, sai an ɗauko su daga ma'ajiya, kuma shubuha tana kawar da haddi. Aya ta 6 a Suratul Hujurat ta ce in fasiƙi ya zo da labari a bincika. A wace kasuwa aka taɓa tsayawa a yi hakan?

A ƙarshen fim ɗin nawa, mai unguwa zai tara mutane ya tambayi wanda ya fara ihu. Kowa zai ce shi ma ji ya yi.