Lady Bird Johnson da furannin bakin hanya

Jiya muna hira da wata ƙawata kan matan shugabanni, sai ta ce duk aikin da uwargidan shugaban ƙasa ta ɗauko na ado ne, ranar da mijin ya sauka ranar aikin ke bin sa. Na ce mata galibi haka ne, amma akwai mace ɗaya da nake son ta san labarinta. Tun daga lokacin matar ta tsaya mini a rai, shi ya sa na zauna rubuta wannan.

Sunanta na asali Claudia Alta Taylor. An haife ta a 1912 a Karnack, wani ɗan ƙauye a gabashin jihar Texas ta Amurka. Mai rainonta ce ta laƙaba mata Lady Bird tun tana jaririya, sunan ya bi ta har kabari. Tana da shekara biyar mahaifiyarta ta rasu. Yarinya marainiya, mahaifi ɗan kasuwa da ba ya zama, sai daji ya zama abokin hirarta. Takan yi yini a bakin tafkin Caddo, inda manyan itatuwa ke tsaye cikin ruwa, tana tuƙa ɗan kwale-kwale ita kaɗai, tana lura da furen da ya fara buɗewa bayan sanyi. Wannan shi ne abin da nake son a riƙe: son tsirrai ya riga kujera zuwa zuciyarta da kusan shekara arba'in. Babu mai ba da shawara da ya zaɓa mata shi.

Ta yi karatun tarihi da aikin jarida a Jami'ar Texas da ke Austin, ta auri Lyndon Johnson a 1934. Da gadon mahaifiyarta, dala 10,000, aka yi masa yaƙin neman kujerar majalisa a 1937. A 1943 ta sayi gidan rediyon KTBC da ke tangal-tangal, ta zauna kan littattafan kuɗinsa har ya tsaya da ƙafarsa. Masana tarihi da dama sun ce tasirin mijinta a Washington ya share wa kasuwancin hanya, kuma ban ga dalilin ɓoye hakan ba.

Ranar 22 ga Nuwamba 1963 aka harbe Shugaba Kennedy a Dallas, mijinta da yake mataimakinsa ya hau kujerar, kafin dare ta zama uwargidan shugaban ƙasa. A 1964, bayan mijinta ya sa hannu kan dokar da ta haramta wariyar launin fata, ta shiga jirgin ƙasa ta ratsa jihohi takwas na kudu, inda ake adawa da dokar, cikin kwana huɗu, ana yi mata ihu a wasu tashoshin, tana jira su gama ta ci gaba da magana. Wanda ya ɗauka mace mai son fure ba ta da ƙashin baya, ya duba wannan tafiyar.

A 1965 ta kafa kwamitin gyara birnin Washington. An shuka itatuwa da furanni a manyan tituna, amma abin da ya fi burge ni shi ne ba ta tsaya inda baƙi ke gani ba. Tare da Walter Washington, wanda daga baya ya zama magajin garin, ta shiga unguwannin talakawa, yawancinsu baƙaƙen fata, aka gyara filayen wasan yara da harabar makarantu. Ita kanta ba ta son kalmar ƙawatawa da aka liƙa wa aikin, don tana jin kamar kwalliya ce ake nufi. Abin da take nufi shi ne ruwa mai tsabta, iska mai tsabta, da wurin da ɗan talaka zai zauna a inuwa.

Sai dokar manyan hanyoyi ta Oktoba 1965, wadda har yau ake kira da sunanta. Manufar ita ce a rage allunan talla da suka cika bakin hanya, a kuma killace jujin matattun motoci. Kamfanonin talla suka tashi haiƙan, aka yi ta yi wa dokar ƙwange a majalisa har ta fito da rauni. Gaskiya ce, ba ta cimma rabin abin da aka so ba. Duk da haka matar ta kira 'yan majalisa da kanta, ta zauna a tarurrukan tsara doka, a zamanin da ake ganin aikin matar shugaba bai wuce tarbar baƙi ba.

Sun bar fadar a 1969, yaƙin Vietnam ya riga ya cinye farin jinin mijinta. Ya rasu a 1973. A nan ne ƙawata za ta zaci labarin ya ƙare, alhali a nan ya fi daɗi. Ta koma Austin ta jagoranci shuka itatuwa da shimfiɗa hanyar tafiya a ƙasa a bakin kogin da ya ratsa garin. Shekara da shekaru tana ba ma'aikatan hanya kyauta daga aljihunta, waɗanda suka fi kula da tsirran yankinsu. A 1982, ranar da ta cika shekara 70, ita da 'yar wasan kwaikwayo Helen Hayes suka kafa cibiyar binciken furannin daji, ta ba da filinta eka 60 da kuɗinta.

Hujjar cibiyar mai sauƙi ce: tsiron da ƙasa ta haifa ya san ƙasar, ba ya neman ban-ruwa kullum, ba ya neman taki mai tsada. Duk lokacin da na karanta wannan sai in tuna bikin dashen itatuwa da na taɓa halarta, an jera dashe an ɗauki hoto, bayan wata uku awaki da rani sun gama da su, ga gawo da ɗorawa da kanya da suka san ƙasarmu ana sarewa ana yin gawayi. Abin yana ci mini rai ƙwarai.

A 1987 aka sa a dokar Amurka cewa wani kaso na kuɗin gyaran bakin manyan hanyoyi ya tafi ga shuka furannin asali. A 2006 cibiyarta ta koma ƙarƙashin jami'ar da ta yi karatu, tana nan tana aiki. A ƙarshen rayuwarta idonta ya yi rauni sosai, amma ba ta daina zuwa lambun ba. Hukumomin Austin sun nemi sa wa tafkin garin sunanta tana raye, ta ƙi. Sai bayan rasuwarta a Yuli 2007, tana da shekara 94, aka sa masa suna Lady Bird.