Kowa jikan sarki ne, to wa ya ɗauko goron?

Ka shiga Nima ko Sabon Zango a Akara, babban birnin Ghana, ko zangon Kumasi, ka tambayi matashi daga ina kakansa ya zo, sau da yawa abin da zai ce maka kawai "daga Hausa". Kano ne, Katsina ne, Gobir ne? Oho. Kuma ba laifinsa ba ne wallahi, kakar da ta san komai an binne ta da labarinta, babu wanda ya zauna ya rubuta ko layi ɗaya.

Alhali labarin ba ƙarami ba ne. Fatake ne suka riƙa bin madugu da jakuna wata da watanni zuwa Gwanja a arewacin Ghana ta yau, su kai kanwa da tufafi su ɗauko goro a Salaga, da yaƙin basasa ya watsa garin a 1892 mutane suka bazu wasu Kete Karachi wasu Kumasi wasu har bakin teku, haka zangunan nan suka cika. Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya rasu a Kete Karachi a 1934, shi dai ya rubuta nasa da ajami, shi ya sa har yau ake karanta shi. Sai kuma 1969 da gwamnatin Busia, Firayim Ministan Ghana na lokacin, ta ba baƙi marasa takarda sati biyu su fice, aka lodo mutanen da a Kumasi aka yanke musu cibiya zuwa ƙasar da ba su taɓa gani ba. Gida nawa ne suka ajiye wannan a rubuce?

Amma abin da ya fi damuna shi ne ƴan kaɗan ɗin da ke rubutawa a Facebook, kowa sharifi ne, kowa jikan sarki ne da ya yi fushi ya bar gari don an hana shi sarauta. Haba jama'a. Babu wanda kakansa ɗan dako ne, babu jikan sojan Glover, wato Hausawan da Bature Glover ya ɗauka soja, da Turawa suka kai yaƙin Asante a 1874, balle a ce bawa, ga shi kuwa Salaga babbar kasuwar bayi ce.

In tsohuwarku na da rai, kunna rikoda a waya ka tambaye ta sunan garin, da zanen da ke fuskar babanta, da sana'arsa ta gaskiya. In ta ce jaki yake kora, ka rubuta jaki.