Ba layin dogo kaɗai ya gina Chicago ba

Marubucin wani labari da na karanta a kan tarihin birnin Chicago ya ce layin dogo ne ya mayar da Chicago cibiyar masana'antun Amurka, kuma akwai gaskiya a maganarsa, amma ya tsallake rawar da ruwa ya taka. A shekarar 1848 da jirgin ƙasa na farko, mai suna Pioneer, ya fara tashi daga birnin, a cikinta ne aka buɗe mashigin ruwan da aka haƙa domin haɗa Tafkin Michigan da Kogin Illinois. Kamfanonin jiragen ƙasa sun yi rububin zuwa ne saboda sun tarar da kasuwa tana ci, katako yana shigowa ta tafki daga dazuzzukan Michigan da Wisconsin, alkama da masara suna fita. Abin da ya fi damuna shi ne labarin bai ambaci ma'aikata ko sau ɗaya ba. Kamfanin Pullman, mai ƙera taragon kwana na jiragen ƙasa, ya zaftare albashi amma ya ƙi rage kuɗin hayar gidajen da ma'aikatansa ke ciki, yajin aikin da hakan ya jawo a 1894 ya tsayar da jiragen yammacin ƙasar, har Shugaba Cleveland ya turo sojoji aka rasa rayuka. Haka kuma baƙaƙen fata masu hidima a taragon kwana su ne suka riƙa kai jaridar baƙaƙen fata ta Chicago Defender jihohin kudu, dubban iyalai suka karanta suka hau jirgin Illinois Central suka yo arewa neman aiki. Wane dalili ne ya sa marubucin ya lissafa masu kamfani ya bar waɗannan mutane?