Sulhun da ban sa hannu ba, da wane dalili zai ɗaure ni?

A ɗauka 'yan'uwa huɗu ne suka gaji gida. Uku suka kai juna kotu kan rabo, alƙali ya tura su wurin mai shiga tsakani, bayan zama biyu suka amince a sayar a raba kuɗin. Aka rubuta, suka sa hannu, alƙali ya buga hatimi. Ta huɗun, ƙanwarsu, tana wata ƙasa, ba a aika mata sammaci ba, ko waya ba a buga mata ba. Ta dawo ta tarar da baƙon kwaɗo a ƙofar gidan mahaifinta, aka miƙa mata takarda aka ce, "Ai kotu ta gama magana."

Ni dai a wurina, kan haƙƙinta ba a ma fara magana ba. Hukunci yana samun ƙarfinsa daga ikon alƙali, bayan ya saurari kowane ɓangare. Sulhu kuwa yarda ce ginshiƙinsa. Amfanin hatimin kotu shi ne a tilasta wa wanda ya yarda ya cika alkawari, shi ya sa wanda ya sa hannu da hankalinsa ba ya dawowa gobe ya ce ya fasa, sai fa in ya nuna an yaudare shi ko an matsa masa. Wanda bai halarci zaman ba, bai kuma wakilta kowa ba, babu alkawarin da za a bi shi. Yayyenta suna da ikon yafe nasu kason, nata kuwa ba nasu ba ne balle su bayar.

Kotun Ƙolin Amurka ta sha cin karo da wannan tambaya. A 1981 birnin Birmingham na jihar Alabama ya yi sulhu a gaban kotu da baƙaƙen fata da suka yi ƙarar wariya wajen ɗaukar aiki da ƙarin girma. Daga baya wasu fararen fata 'yan kwana-kwana suka ce sulhun ya tauye su. A 1989, a shari'ar Martin da Wilks, alƙalai 5 cikin 9 suka ce suna da damar shigar da ƙara, domin ba a sa su cikin shari'ar farko ba. A Yunin 2024 ma haka aka yi kan kamfanin Purdue Pharma, mai ƙwayar OxyContin da ta jefa ɗimbin mutane cikin jaraba. Iyalan Sackler, masu kamfanin, sun yarda su biya har dala biliyan 6, bisa sharaɗin a rufe ƙofar ƙara a kansu, har ga waɗanda ba su amince ba. Kotu ta ce dokar fatarar kuɗi, wadda a ƙarƙashinta aka yi sulhun, ba ta ba da wannan iko ba.

Ba zan ɓoye ba, wannan hukunci na biyu ya taɓa min zuciya. Mafi yawan masu haƙƙin da suka kaɗa ƙuri'a sun goyi bayan sulhun, cikinsu akwai iyayen da suka binne 'ya'yansu, kuma aka sake jinkirta musu diyya. Masu cewa bai kamata mutum ɗaya ya riƙe wuyan dubbai ba suna da hujja, musamman in wanda ya ƙi ɗin ya san da shari'ar tun farko, ya naɗe hannu yana kallo, sai da aka gama ya fito. Wannan ne ya sa majalisar dokokin Amurka a 1991 ta taƙaita hukuncin Wilks a shari'un wariyar aiki: wanda aka sanar da shi aka kuma ba shi damar yin ƙorafi, ko wanda wani ya kare irin muradinsa yadda ya kamata, ba zai dawo ya rushe sulhun ba. Haka ma a ƙarar gungu ta neman diyya, wato wadda wasu kaɗan ke shigarwa a madadin mutane da yawa, ana sanar da kowa, mai so ya fita ya fita, wanda ya zauna sulhu ya hau kansa.

Na yarda da wannan iyaka, domin shiru bayan sanarwa zaɓi ne da mutum ya yi da kansa. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a mai da rashin sani ya zama yarda, ko a ce tunda uku sun fi ɗaya, an gama. Kuma sulhun da ya tsallake mai haƙƙi, maciji ne aka kashe ba a sare kansa ba. Ƙanwar nan za ta shigar da sabuwar ƙara, a jawo wanda ya sayi gidan da kuɗin guminsa, zumuncin da aka je gyarawa ya ƙara lalacewa.

Nauyin yana kan mai shiga tsakani da alƙali, tun kafin a ɗauko biro. Su tambaya: ku nawa ne masu haƙƙi a wannan dukiya? Ina sauran? Akwai maraya ko ƙaramin yaro a ciki, kuma wa ke tsaya masa? Lauyan da ya ce yana magana da yawun wani, ina takardar wakilcinsa? In an ce ɗaya tana nesa, a ɗage zaman a aika mata, a jira ta zo ko ta naɗa wakili.