Gaisuwa a baki, ƙulli a ciki

Jiya a wajen zaman makoki a Gwammaja na ga dattijai biyu da duk unguwa ta san tare suka yi makarantar allo, tare suka fara kasuwa a Kantin Kwari. Suka yi musabaha. "Alhaji, ya ƙarin haƙuri?" "Mun gode Allah." Kowa ya zare hannunsa da sauri ya nemi wata tabarmar. Ashe kuɗin dila ɗaya ta atamfa ne a tsakaninsu, tun 'ya'yansu ba su isa aure ba.

'Yan uwa, wannan ciwon ya yi mana yawa a Kano. Mun san haramun ne ƙaurace wa ɗan uwa fiye da kwana uku, sai muka samo dabara: ba ma gaba, muna gaisawa. Kana zuwa ɗaurin auren 'yarsa, kuna cin tuwo a kwano ɗaya a majalisa, amma da ya tashi ka fara, "Ai tun da mutumin nan ya samu muƙami ba ya ɗaga waya." Wa kake yaudara? Ranar Litinin da Alhamis da ake bijiro da ayyuka, ana jinkirta gafara ga biyun da ke da ƙiyayya a tsakaninsu har sai sun shirya. Kana ganin "ina kwana" ɗinka za ta rufe abin da ke ƙirjinka?

Ke ma Hajiya, ƙawarki ta ƙuruciya ba ta yi ankon bikinku ba, shi ke nan kin ƙullace ta. Kullum habaici a status ɗin WhatsApp, in kun haɗu kuma "ƙawata ta kaina". Ko kin tambaye ta halin da take ciki a lokacin? Wataƙila kuɗin cefane ma gagararta yake yi, kunya ta hana ta faɗa.

Wallahi yawancin abin bai taka kara ya karya ba. Rancen da aka yi shiru a kansa, maganar da matarka ta kawo maka ba ka bincika ba. Wani lokacin ma hassada ce tsagwaronta, don Allah Ya buɗa masa ya biya Hajji kai ba ka je ba, sai ka laƙaba masa girman kai.

In bashi ne, ka je shagonsa ka tambaya, ko ka yafe har zuci. In kai ake bi, ka daina kauce wa layinsa. Don Allah ka kira shi yau, kar ka bari sai an ce maka ana sallarsa bayan La'asar. Yau ɗin nan, don Allah.