Wa'adi Ɗaya Na Shekara Shida: Da Na Yarda, Yanzu Na Janye

Duk lokacin da zaɓen shugaban ƙasa ya ƙarato, sai an tono tsohuwar maganar nan: a daina ba shugaba wa'adi biyu, a ba shi ɗaya tak na shekara shida, ya yi aikinsa ya kama gabansa. Makon jiya ma wani abokina ya sake aiko min da ita, har da cewa, "Malam, kai da ka fi kowa ɗaga murya a kan wannan, me ya sa yanzu ka yi gum?" Gaskiyarsa. Na daɗe ina tallata wannan ra'ayi, na yi musu a kansa har murya ta dushe. Yau dai ga ni zan faɗi dalilin da ya sa na sauka daga kai, duk wanda zai ce na yi amai na lashe, ya ce.

Hujjar masu wannan ra'ayi ba ta banza ba ce. Ɗauki shekara huɗu ka lissafa. Shekarar farko tana tafiya ne a naɗa ministoci, rabon muƙamai ga waɗanda suka sha wahalar kamfe, da zaryar kotu a kan ƙarar zaɓe. Kafin a shiga ta uku, fastoci sun fara fitowa, an fara kafa ƙungiyoyin goyon baya, duk wani mataki mai ɗaci da ya kamata a ɗauka sai a ce a bari sai bayan zaɓe. Abin bai tsaya ga ƙasashe masu tasowa ba. Donald Trump, a ranar da aka rantsar da shi, 20 ga Janairun 2017, a ranar ya shigar da takardun neman wa'adi na biyu. Ko kujerar bai ɗumama ba. A Najeriya Goodluck Jonathan ya kawo shawarar wa'adi ɗaya a 2011, jim kaɗan bayan ya ci zaɓen shekarar, da irin wannan hujja ta cewa neman zarcewa yana cin kuɗi yana kuma zafafa ƙasa. An yi masa ca, aka ce tsawaita wa kansa yake nema ta bayan gida, maganar ta mutu. Ni a lokacin ina cikin 'yan tsirarun da suka ce a saurare shi.

Abin da ya fara karya min gwiwa shi ne tarihin Meziko, domin babu ƙasar da ta riƙe wa'adi ɗaya da gaske kamarta. Porfirio Diaz ya shafe kusan shekara 30 yana mulkinsu, sai a 1910 Francisco Madero ya tashi da taken cewa ƙuri'a ta yi aiki, kuma babu zarcewa. Aka yi juyin juya hali, jini ya kwarara, aka rubuta haramcin zarcewa a kundin tsarin mulkin 1917. Tun daga 1934 zuwa yau, duk shugaban Meziko shekara shida yake yi ya tafi, babu wanda ya ƙara ko da wata ɗaya. A takarda, ai an gama magana.

Amma jam'iyyar PRI ta riƙe ƙasar shekara 71 cur, daga 1929 zuwa 2000. Yaya aka yi? Shugaba mai barin gado ne ke zaɓar magajinsa. Su da kansu sun raɗa wa abin suna da yarensu, ma'anarsa nuni da yatsa: shugaba ya nuna mutum, gobe jam'iyya ta ce shi ne ɗan takara, jibi gwamnoni da ƙungiyoyin ƙwadago su yi layi suna mubaya'a. Ɗauki ɗora ke nan tsagwaronsa. A 1976 José López Portillo shi kaɗai ne sunansa ke kan takardar ƙuri'a a hukumance. A 1988 kuwa, da sakamakon farko ya nuna ɗan adawa Cuauhtémoc Cárdenas yana jan zare, sai aka ce na'urar tattara ƙuri'u ta tsaya. Da ta farfaɗo, Carlos Salinas na jam'iyya mai mulki ne ya ci. Fuska tana canzawa duk shekara shida, hannun da ke riƙe da akala bai taɓa canzawa ba. An gudu ba a tsira ba.

Putin ma wannan dabara ya yi a 2008, ya aje Dmitry Medvedev ya riƙe masa kujera shekara huɗu, shi ya koma firaminista, ya dawo a 2012. Mai son dawwama ba lallai sai da sunansa a ƙofar ofis ba.

Abu na biyu, wanda ya fi damuna, shi ne abin da wa'adi ɗaya ke ƙwacewa daga hannun mai ƙuri'a. Talaka ba ya zaman majalisa, ba ya rubuta kasafin kuɗi, ba a tuntuɓarsa in za a ciwo bashi. Makaminsa ɗaya ne: ranar da shugaba mai ci zai dawo gabansa yana roƙo, ya dube shi ya ce a'a. In ka ce wa'adi ɗaya, ka soke wannan rana ɗungurungum. Mutum ya hau ya san ba zai sake buƙatar kowa ba har abada. Ana cewa hakan zai ba shi ƙwarin gwiwar yin abin da ya dace ba tare da tsoron ƙuri'a ba. To, in mutumin kirki ne. In ba shi ba ne fa? Shekara shida kuna kallonsa yana kallonku, ba ku da ranar hisabi. Kuma mu tambayi kanmu, a cikin shugabannin da muka sani, wa'adinsu na biyu, wanda babu tsoron ƙuri'a a cikinsa, shi ya fi na farko alheri? Ni dai a lissafina, galibi a nan ne ake sakin jiki.

Ba zan manta da yammacin 31 ga Maris, 2015 ba. Muna zaune mu kusan goma, kowa da waya a hannu, rediyo a tsakiya, ana ta karanto sakamakon jihohi ɗaya bayan ɗaya. Wani dattijo a cikinmu yana riƙe da biro da 'yar takarda yana tara lissafi da kansa, domin ya ce shi bai yarda da lissafin kowa ba. Babu mai dariya, kowa na tunanin abin da zai biyo baya in aka ƙi amincewa. Sai labari ya shigo cewa Jonathan ya kira Buhari a waya ya taya shi murna, tun ba a kammala sanarwa ba. Dattijon nan ya ninke takardarsa a hankali ya sa a aljihu, ya ce, "Ashe ana iya wannan." Ban kawo wannan don in ce wanda ya hau ya fi wanda ya sauka ba, wannan musu ne na wata rana. Abin da mutane suka koya a yammacin nan shi ne ƙuri'a tana iya tuɓe shugaba mai ci, mai sojoji da 'yan sanda da baitulmali a hannunsa. 'Yan Senegal sun yi wa Abdoulaye Wade haka a 2012, 'yan Ghana suka yi wa John Mahama a 2016, 'yan Zambiya suka yi wa Edgar Lungu a 2021, Laberiya ta sallami George Weah a 2023, Botswana ta kayar da Masisi da jam'iyyar da ta yi shekara 58 tana mulki a 2024. Mahama ma ya je ya huta shekara takwas, mutane suka gwada wasu, suka dawo da shi. Da wa'adi ɗaya ake yi, da yawancin waɗannan ranaku babu su a tarihi.

Koriya ta Kudu tana wa'adi ɗaya na shekara biyar tun 1987, don gudun sake faɗawa hannun masu kaki. Su kuma kukansu daban: da shugaba ya wuce rabin wa'adi, sai kowa ya fara leƙen mai zuwa, 'yan majalisar jam'iyyarsa su fara ja da baya, ma'aikata su rage sauri. A 2018 Shugaba Moon Jae-in ya kai ƙudurin komawa wa'adi biyu na shekara huɗu-huɗu, bai samu wucewa a majalisa ba. Abin da mu muke ganin magani, masu shan sa suna neman canji.

Kada a yi min mummunar fahimta. Iyakar wa'adi biyu ina nan a kanta daram, kuma duk mai neman na uku ba na tare da shi ko waliyyi ne. Kalmar tazarce ma ai ba mu koye ta da daɗi ba. Mun ji ta a 1998 lokacin da jam'iyyu biyar suka tsayar da Abacha shi kaɗai, muka sake jin ta a Nijar a 2009. Abin lura a labarin Tandja Mamadou shi ne kundin tsarin mulkin 1999 ya hana a taɓa ayar wa'adi ko da kwaskwarima ce. Sai ya ce to ba zai taɓa ta ba, sabon kundi zai kawo gaba ɗaya. Kotun tsarin mulki ta ce bai halatta ba, ya rushe ta, bayan ya riga ya rushe majalisa. Ya yi ƙuri'ar raba gardama a watan Agusta, ya ƙara wa kansa shekara uku, a ranar 18 ga Fabrairun 2010 sojoji suka ɗauke shi ana tsakiyar taron ministoci.

Wanda ya iya yaga takardar da ta ce biyu, me zai hana shi yaga wadda ta ce ɗaya? Honduras ta ba da amsa. Kundinsu wa'adi ɗaya ya yarda da shi, har ya tanadi hukunci ga duk jami'in da ya ko kawo shawarar a canza. Da wannan zargi aka kifar da Manuel Zelaya a 2009, sojoji suka fitar da shi daga ƙasar da kayan barci. Bayan shekara shida, kotun ƙoli ta soke haramcin, Juan Orlando Hernández, wanda ɓangarensa ne ya goyi bayan korar Zelaya, ya tsaya ya zarce a 2017. Wanzami dai ba ya son jarfa.

In ka duba inda tazarce ta sha kaye, mutane ne suka tsaya, kuma kowane da sunansa. A ranar 16 ga Mayun 2006 majalisar dattawan Najeriya ƙarƙashin Ken Nnamani ta binne ƙudurin wa'adi na uku na zamanin Obasanjo, bayan an yi kwanaki ana nuna muhawarar kai tsaye a talabijin, kowane sanata ya miƙe ya faɗi matsayinsa mutanen mazaɓarsa na kallo. A Kolombiya kotun tsarin mulki ce ta tare Álvaro Uribe a 2010, yana tsakiyar farin jini. A Burkina Faso matasa ne suka cinna wa majalisa wuta ranar 30 ga Oktoban 2014, ranar da za a kaɗa ƙuri'ar buɗe wa Blaise Compaoré hanya, washegari ya sauka bayan shekara 27. A Senegal, da Macky Sall ya ɗage zaɓe a Fabrairun 2024, majalisar tsarin mulki ta ce bai isa ba, aka yi zaɓe a Maris, Bassirou Diomaye Faye ya lashe zaɓen, kwana goma da fitowarsa daga kurkuku. Inda kuwa aka rasa irin waɗannan mutane, ga Paul Biya nan a Kamaru tun 1982, ga Museveni a Uganda tun 1986, wanda ya cire iyakar wa'adi a 2005, ya dawo ya cire ta shekaru a 2017 da tsufa ya zo masa.

Masu tafa wa sojoji in sun kifar da ɗan tazarce kuma, su dubi Gini. Mamadi Doumbouya ya tuɓe Alpha Condé a Satumban 2021 saboda wa'adi na uku, ya yi alƙawarin ba zai tsaya takara ba, ƙarshen 2025 sai ga sunansa a takardar ƙuri'a.

Wani abin da ba mu cika faɗa ba shi ne sau da yawa shugaban ba shi ya fi kowa son zarcewa ba. Fadawa ne. Mai kwangilar da ba a gama biyansa ba, mai ba da shawarar da ya san daga ranar sauka wayarsa za ta daina ƙara, jami'in da ke tsoron a buɗe littattafai. Su ke shiga da safe su ce ranka ya daɗe, jama'a na kuka, in ka tafi ƙasa za ta wargaje. Su ke ɗauko hayar masu gangami su cika fili da hotunansa. Waɗannan mutane wa'adi ɗaya ba zai kore su ba, sai dai ya sa su fara neman yaron da za a ɗora tun shekara ta biyu.

Da na aika wa abokina wannan duka, ya yi shiru har dare, sannan ya rubuto: "Malam, na ji. Amma ranar hisabin da kake ta faɗa, in shugaban ne ya naɗa mai ƙidayar ƙuri'ar, hisabin wa za a yi?" A nan kam ya kama ni, ban da abin cewa sai dai in ce to mu kai musun can, mu bar ƙirga shekaru. A ƙasashe da yawa ɗan takara mai ci shi ke zaɓo shugaban hukumar zaɓe, shi ke sakar mata kuɗi, shi ke tura jami'an tsaro rumfuna. A Najeriya kwamitin Mai Shari'a Muhammadu Uwais, wanda Umaru 'Yar'adua ya kafa bayan ya amsa da bakinsa cewa zaɓen da ya kawo shi na da naƙasu, ya ba da shawara tun Disamban 2008 cewa a cire zaɓo shugaban hukumar daga hannun shugaban ƙasa, majalisar kula da harkokin shari'a ta tace sunaye. Shugabanni sun zo sun wuce daga jam'iyyu biyu, kowannensu ya yi alƙawarin gyaran zaɓe a kan mumbarin kamfe, kuma har yau shugaban ƙasa ne ke aika sunan.